Mafarkin Yafiyar Ɗan Kweka: Ko Haƙƙi Yana Sauka a Barci?

Ɗan Katsina:
Assalamu alaikum 'yan'uwa. Na kawo tambaya ne a madadin ƙanena, wanda ya ba ni izinin yin maganar ba tare da ambaton sunansa ba. Lokacin da yake karatu a Birmingham ta ƙasar Ingila ya zauna haya a gidan wani dattijo Bature, mabiyin ɗariƙar Kiristoci da ake kira Kweka. Dattijon ya kyautata masa, har yakan ɗaga masa ƙafa idan kuɗin da ake aika masa daga gida suka makara. Daga baya saɓani ya shiga tsakaninsu a kan kuɗin haya da suka taru, ƙanena ya gaya masa magana mai zafi, ya kwashe kayansa ya bar gidan bai biya ba. Bayan ya dawo gida da shekaru, labari ya iske shi cewa dattijon ya rasu. Kwanan baya ya yi mafarki ya ga kansa a wani ɗaki marar ado, mutane suna zaune a kan bencina sun yi shiru, sai dattijon ya taso ya miƙa masa hannu ya ce ya yafe masa. Ya farka da sanyin zuciya, amma tun daga ranar yake tambayata ko wannan yana nufin haƙƙin ya sauka daga wuyansa. Ina roƙon malamai da masana da ke wannan zaure su taimaka mana.

Malamin Zaure:
Wa alaikumus salam wa rahmatullah. Allah ya saka wa ƙanenka da alheri da har abin ya dame shi, domin damuwar kanta alama ce ta rayuwar zuciya. Ya inganta a hadisin Abu Huraira, Allah ya ƙara masa yarda, cewa mafarki iri uku ne: bushara daga Allah, da tsoratarwa daga Shaiɗan, da abin da mutum yake saƙawa a ransa sai ya gan shi a barci. Wannan mafarki bai yi kama da na biyu ba, tunda bai zo da firgici ko umarni da saɓo ba. Yana iya zama na farko, yana iya zama na uku, kuma ba ni da hurumin yanke wa ɗaya daga ciki. An tambayi Imam Malik ko kowa zai iya fassara mafarki, sai ya ce, ashe da annabci ake wasa? Ya faɗi haka ne saboda hadisin da ya ce mafarki nagari yanki ɗaya ne cikin yanki 46 na annabci.

Ina kuma jan hankalinmu kada wani ya je ya kwaso mana fassara daga shafukan intanet da suke jera ma'anar kowane abu, su jingina ta ga Ibn Sirin. Ibn Sirin ya rasu a shekara ta 110 bayan hijira, wannan ɗariƙa kuwa ba ta bayyana ba sai bayansa da fiye da shekara 900, saboda haka babu wani babi nasa a kanta, balle ma littafin da ake sayarwa da sunansa malamai da yawa suna shakkar cewa shi ya rubuta shi.

Amma ainihin tambayarka tana da amsa bayyananna, kuma ba ta rataya ga fassarar mafarkin ba. Hukuncin shari'a ba ya tabbata da mafarki, haƙƙin bawa kuma ba ya faɗuwa da shi. Kuɗin hayar nan bashi ne, kuma da mai su ya rasu sun koma mallakin magadansa. Ko da a ce mafarkin gaskiya ne, abin da dattijon zai iya yafewa shi ne zafin maganar da aka gaya masa, dukiyar kuwa ta riga ta fita daga hannunsa.

Malamar Tarihi:
Malam, Allah ya ƙara ilimi. Ina so in ƙara wani abu game da mutanen kansu, domin siffar da aka bayar ta ɗakin ta ja hankalina. Wannan ƙungiya, wadda mabiyanta suke kiran junansu Abokai, ta taso ne a Ingila wajen shekarar 1652 a hannun George Fox. A irin ibadar da suka gada a Ingila babu fasto, babu waƙa, babu huɗubar da aka shirya. Suna taruwa a ɗaki marar hoto ko gumaka, su zauna shiru kimanin awa ɗaya, wanda ya ji an motsa zuciyarsa ya miƙe ya yi magana a taƙaice ya zauna. Alamar da ke nuna taro ya ƙare ita ce dattawa biyu su yi musabaha, sannan kowa ya miƙa wa na kusa da shi hannu. Ke nan abin da ƙanenka ya gani, wato bencina da shiru da miƙa hannu, shi ne tsarin taronsu daki-daki. Ɗan'uwa, ko ya taɓa shiga irin wannan wuri?

Ɗan Katsina:
Malama, na tambaye shi yanzu. Ya ce dattijon ya taɓa gayyatarsa wata ranar Lahadi don ya ga yadda suke yi, ya zauna a baya har aka tashi, kuma dattijon ne ya fara miƙa masa hannu a ranar.

Likita a Kaduna:
Wannan bayani ya ƙarfafa abin da nake shirin faɗa. Masu binciken barci sun daɗe da lura cewa mafarki yakan gina kansa da kayan da ke cikin ƙwaƙwalwa, musamman abin da ya haɗu da nadama ko kunya ko kewa. Tun 1953 da Aserinsky da Kleitman suka gano matakin barcin da idanu suke motsi da sauri a jami'ar Chicago, aka gane cewa mafi yawan mafarkai masu tsari irin na labari a wannan mataki suke zuwa, kuma sassan ƙwaƙwalwa masu kula da motsin rai suna aiki sosai a lokacin. Ganin mamaci a mafarki yana cikin kwanciyar hankali, yana cewa babu komai, abu ne da masu jimamin rashi suke yawan ba da labarinsa a al'ummomi dabam-dabam.

Sai dai ba na so a fahimce ni kamar ina cewa mafarkin ba shi da daraja. Mutumin da kunya ta danne yakan kasa ko da tunanin abin da ya aikata, balle ya gyara shi. Ina ganin irin wannan a wurin aiki: wanda yake ganin ba za a taɓa yafe masa ba shi ne yake ƙin ɗaga waya, yake kauce wa hanyar gidan wanda ya ɓata wa. Idan mafarkin ya rage wa ƙanenka nauyin kunyar har ya iya buɗe baki ya gaya wa yayansa abin da ya ɓoye shekaru, to ya riga ya yi masa amfani babba.

Bazazzagi:
Ku gafarce ni, amma ni hankalina bai kwanta ba. Gafara ta Allah ce shi kaɗai. Ta yaya Musulmi zai ga wanda ba Musulmi ba yana yafe masa a wurin ibadarsu, sannan mu ce ba daga Shaiɗan ba ne? Ina tsoron kada wannan ya zama ƙofar da za ta sa zuciyar yaron ta karkata ga addinin mutanen. A ganina ya yi tofi a hagunsa, ya nemi tsari, ya manta da maganar.

Malamin Zaure:
Ɗan'uwa, kishinka abin yabo ne, amma an haɗa abubuwa biyu da ya kamata a raba. Gafarar zunubi tsakanin bawa da Ubangijinsa ta Allah ce, babu mai jayayya. Yafe haƙƙi kuwa na mai haƙƙin ne, ko wane ne shi. Annabi, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya ce wanda yake da haƙƙin ɗan'uwansa na mutunci ko na wani abu ya nemi warwarewa yau, kafin ranar da babu dinari babu dirhami, kuma Bukhari ne ya ruwaito. A cikin Sunan Abi Dawud akwai gargaɗi mai tsanani ga wanda ya zalunci wanda ba Musulmi ba da ke da alkawarin zaman lafiya, ko ya tauye shi, ko ya karɓi abinsa ba da son ransa ba. Aya ta 8 ta Suratul Mumtahana kuma ta ce Allah bai hana mu kyautatawa da adalci ga waɗanda ba su yaƙe mu saboda addini ba. Wannan dattijo ya ba yaron masauki ya kuma yi masa haƙuri, saboda haka haƙƙinsa ma ninki ne. Tofi da neman tsari an koyar da su ne ga mafarkin da mutum ya ƙi, wannan kuwa ya farka da natsuwa. Kuma idan muka ce ya manta da maganar, mun ce ya manta da bashin ke nan, wanda shi ne abin da ba mu da ikon ce masa.

'Yar Jos:
Ina gaishe ku iyayena da yayyena. Ni Kirista ce, kodayake ba 'yar wannan ɗariƙa ba, kuma ina so in gyara wani ruɗani da na sha ji. Mutane da yawa suna haɗa 'yan Kweka da 'yan Amish, saboda labarin da ya zagaya duniya a watan Oktoban 2006, lokacin da wani mutum ya harbe 'yan mata biyar a wata makarantar Amish a Nickel Mines ta jihar Pennsylvania, iyayen yaran da jama'arsu kuma suka yafe, har wasunsu suka halarci jana'izarsa. Waɗannan jama'a ce dabam, asalinsu daga Switzerland da kudancin Jamus yake.

Inda na ɗan saɓa da Malam, cikin girmamawa, shi ne ina ganin an yi saurin wucewa ta kan yiwuwar cewa dattijon ya yafe kuɗin tun yana raye. Mutumin da yake karanta addu'ar da ke Matiyu sura ta 6, inda ake roƙon Allah ya yafe mana basussukanmu kamar yadda muke yafe wa waɗanda muke bi, kuma bai taɓa kai ƙara ko aiko da takarda ba duk tsawon shekarun nan, akwai alamar ya bar wa Allah. Me zai hana mu ɗauki mafarkin a matsayin rahama, yaron ya samu hutu? Ba kowane lokaci ne ya kamata mu mayar da jinƙai lissafi ba.

Malamar Tarihi:
Ƙanwata, maganarki tana da nauyi, amma tarihin mutanen nan bai nuna cewa sun ɗauki yafiya a matsayin share lissafi ba. Sun yi suna da tsanani a kan biyan bashi. A ƙarni na 18 da na 19, ɗan ƙungiyar da ya karye a kasuwanci ta hanyar sakaci ko rashin gaskiya, taronsu yakan bincike shi, wani lokaci har a cire shi daga cikinsu, kuma ana sa ran wanda arziki ya dawo masa ya biya masu binsa ko da doka ta sallame shi. Wannan riƙon amana ne ya sa mutane suka yarda da bankunan da iyalansu suka kafa, irin su Barclays da Lloyds, da kamfanin Cadbury da John Cadbury ya fara a Birmingham a 1824, wanda Bournvita ɗinsa take kan teburin shayin gidajenmu.

Sannan ita kanta yafiyar ba ta zo musu da sauƙi ba. Labarin James Nayler ya isa misali. Shi ne ɗaya daga cikin manyan masu wa'azinsu na farko, har wasu suna fifita shi a kan Fox wajen iya magana. Saɓani ya shiga tsakaninsu, kuma da Fox ya ziyarce shi a kurkukun Exeter a 1656, Nayler ya so su sasanta da sumba irin ta 'yan'uwa, Fox ya miƙa masa ƙafarsa ya ce ita zai sumbata. A watan Oktoban wannan shekara Nayler ya shiga Bristol a kan doki, mabiyansa suna shimfiɗa tufafi a gabansa kamar yadda aka yi wa Yesu a shigarsa Urushalima. Majalisar dokokin Ingila ta kama shi da laifin saɓo, aka yi masa bulala, aka huda harshensa da ƙarfe mai zafi, aka yi masa lalas a goshi, aka tsare shi har 1659. Bayan fitowarsa ya amsa laifinsa a gaban jama'arsu, ya durƙusa gaban Fox ya nemi afuwa, kuma sai da wasu dattawa suka shiga tsakani kafin hakan ta yiwu. A 1660 ɓarayi suka tare shi a hanyarsa ta komawa gida arewa, ya rasu jim kaɗan bayan haka. Kalmomin da aka ruwaito daga bakinsa dab da rasuwarsa, game da wani ruhi da yake ji a ransa wanda ba ya jin daɗin aikata mugunta ko rama zalunci, suna cikin abin da 'yan Kweka suka fi karantawa har yau. Wannan labari yana taɓa ni duk lokacin da na koyar da shi, domin wanda aka huda wa harshe shi ne ya bar musu mafi taushin magana a kan yafiya, bayan shi da kansa ya ɗanɗana wuyar neman ta.

'Yar Jos:
Na karɓi wannan, Yaya. Kuma gaskiya a Matiyu sura ta 5 an ce idan ka kawo baiko wurin bagade ka tuna ɗan'uwanka yana da wata magana a kanka, ka bar baikon ka je ku shirya tukuna. Abin da nake karewa kawai shi ne kada yaron ya tafi wurin magadan yana jin kansa kamar wanda aka yanke wa hukunci.

Baba Mai Ritaya:
'Ya'yana, na bi maganganunku tun daga farko, kuma ina so ku san mutanen nan sun taɓa shiga tarihin ƙasarmu. A lokacin yaƙin basasa na 1967 zuwa 1970, 'yan Kweka uku, Adam Curle da John Volkmar da Walter Martin, sun riƙa kai da kawowa tsakanin Janar Gowon da Ojukwu suna isar da saƙonni a asirce, saboda ɓangarorin biyu sun yarda cewa ba su da wata manufa ta siyasa. Ba su ne suka kawo ƙarshen yaƙin ba, amma sun riƙe ƙofar magana a buɗe a lokacin da kowa yake ganin ɗaya ɓangaren ba mutane ba ne. Tun 1661 suka shelanta wa Sarki Charles na Biyu cewa ba za su ɗauki makami ba, kuma a 1947 ƙungiyoyinsu biyu na agaji, ta Ingila da ta Amurka, suka karɓi kyautar Nobel ta zaman lafiya. A Afirka ma suna da yawa, domin Kenya ce ƙasar da ta fi kowace yawansu a duniya, tun zuwan 'yan mishan ɗinsu Kaimosi a 1902, sai dai ibadar mafi yawansu a can tana da fasto da waƙoƙi.

Na kawo wannan ne saboda wanda bai taɓa zama da ɗan Kweka ba ma yana iya yin irin wannan mafarki. Wanda ya karanta labarinsu, ko wanda tun yana yaro yake ganin hoton dattijon nan mai faffaɗar hula da murmushi a jikin gwangwanin Quaker Oats, kamfanin da ma ba 'yan ɗariƙar ne suka kafa shi ba, zuciyarsa tana iya aro wannan fuska idan tana neman wanda zai yafe mata ba tare da faɗa ba. Ga irin wannan mutum, tambayar da zai yi wa kansa ita ce wa ya ɓata wa a zahiri, domin mai yiwuwa mai haƙƙin yana cikin gidansu ko a layinsu.

Malamar Tarihi:
Baba, Allah ya ƙara girma. Bari in ƙara da yadda su kansu suke ɗaukar mafarki, tunda a kansa muke. Mutanensu na farko suna rubuta mafarkansu a littattafan tarihin rayuwarsu, amma ba sa barin mutum ya yanke hukunci da su shi kaɗai, musamman bayan abin da ya faru da Nayler. Sai ya kawo abin gaban taro a auna shi, a ga ko zai haifar da gaskiya a aikace. John Woolman, tela ɗan New Jersey da ya rayu daga 1720 zuwa 1772, ya rubuta cewa a wata rashin lafiya mai tsanani wajen 1770 an nuna masa talakawa da ake zalunta suna haƙo ma'adinai domin waɗanda ake kira Kiristoci. Bai tsaya neman ma'anar alamomin ba. Abin da ya biyo baya shi ne ya ƙi shan ruwa a kofin azurfa ko a gidan abokansa, kamar yadda tun da farko ya daina rubuta wasiyyar da za a gadar da bawa a cikinta. Shekara huɗu bayan rasuwarsa, a 1776, babban taronsu na Philadelphia ya haramta wa mabiyansa mallakar bayi, kuma wasu tarukansu sun nemi tsofaffin iyayen giji su biya waɗanda suka 'yanta ladan aikin shekarun da suka yi. Da za a kai mafarkin ƙanenka gaban taron dattijon nan, ina kyautata zaton tambayar da za su fara yi masa ita ce me yake jin an kira shi ya aikata.

Bazazzagi:
Na gamsu da bayanin Malam a kan bambancin gafara da yafe haƙƙi. Saura tambaya ɗaya ta aiki. Bashin da fam aka ci shi, kuma kowa ya san yadda naira ta faɗi. Da wane farashi zai biya, na wancan lokaci ko na yau? Idan kuma ba a samu magadan ba fa?

Malamin Zaure:
Bashi ana biyan sa da irinsa, saboda haka adadin fam ɗin da ake bin sa shi zai biya, ko nawa ya kama a naira ranar biya. Idan ya yi ƙari don kansa ba tare da an sharɗanta masa ba, wannan kyautatawa ce, domin hadisi ya ce mafi alherinku shi ne mafi kyawun biya. Idan ba zai iya a lokaci ɗaya ba, ya nemi su yarda ya riƙa biya kaɗan-kaɗan. Idan magadan suka ce sun yafe, shi ke nan, ya kuɓuta, kuma a nan maganar 'yarmu ta Jos za ta tabbata ta hanyar da babu shakka a cikinta. Sai ya yi iya ƙoƙarinsa ya rasa su sannan zai fitar da kuɗin zuwa wata hanyar amfanin jama'a da niyyar sauke nauyin, tare da ƙudurin cewa in sun bayyana daga baya zai ba su zaɓi.

Malamar Tarihi:
Samun su ba zai yi wuya ba in Allah ya so. Kowane taronsu na unguwa yana da magatakarda, kuma suna da tsari wajen adana sunayen mabiyansu da na waɗanda suka rasu. Tunda ƙanenka ya san ɗakin taron da aka kai shi, ya rubuta wa magatakardan wasiƙa ya roƙe shi ya miƙa ta ga iyalan, domin ba za su ba shi adireshin kowa kai tsaye ba. Idan ya manta sunan wurin, babban ofishinsu na Friends House da ke titin Euston a Landan zai iya nuna masa tarukan da ke Birmingham. A cikin wasiƙar ya faɗi shekarun da ya zauna a gidan, da adadin kuɗin, da maganar da ya gaya wa mahaifinsu, sannan ya tambaye su ta wace hanya suke so a aika musu.